Tijjani Ibrahim da Daraktocin Talabijin na Kano

A shekarar 1986 wasu mutum uku a birnin Kano suka ƙulla wata shawara wadda daga baya dubban mutane suka ci abinci a cikinta. Na farko shi ne Aminu Hassan Yakasai, marubuci kuma ɗan ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa. Na biyu Bashir Mudi Yakasai, gwanin kyamara. Na uku Tijjani Ibrahim, ma'aikacin gidan talabijin na jiha, wato CTV 67. Shawarar kuwa ita ce a daina zaman jiran sai gidan talabijin ya ga dama ya sa wasa, a ɗauki wasan Hausa a kaset ɗin bidiyo a kai shi kasuwa, mai so ya sa kuɗinsa ya saya. Farfesa Abdalla Uba Adamu, wanda ya daɗe yana bin diddigin wannan tarihi, daga nan yake ɗauko asalin sana'ar da a yau ake kira Kannywood.

A cikin mutanen nan, na ukun ne ya fi tsaya mini a rai. Aikin marubuci a fili yake, haka ma na mai kyamara. To me ma'aikacin gwamnati mai albashi ya kawo wa samarin unguwa wanda ba su da shi? Ya kawo musu sanin yadda ake mayar da wasa ya zama hoto: inda za a kafa kyamara, lokacin da za a matso kusa da fuska, inda za a yanke, da yadda ake jera fitowa bayan fitowa har labari ya tsaya da ƙafarsa. A gidan talabijin aka koyi wannan, kuma a ganina duk wanda ya ba da tarihin fim ɗin Hausa bai biya ta gidajen talabijin na Bompai da Hotoro ba, ya tsallake gindin maganar.

Shi wasan kwaikwayo ba baƙo ba ne a cikin ganuwa. Da azumi ya kai kwana goma yara kan cika lunguna da tashe, su kwaikwayi malami da boka da tsoho da mai gida, Nalako kuma ya fito farautar gwauraye. Da boko ta zo, wasan ya shiga aji. Malam Aminu Kano ya rubuta wasanni tun yana ɗalibi a Kwalejin Kaduna, Maitama Sule kuma ya raya harkar yana malamin makaranta a Kano, har aka san wata ƙungiyar wasa da sunansa. Abin da ya zo baƙo shi ne hoto mai motsi, kuma bai shigo da farin jini ba. Majigi dai hukuma ce take kawo shi fili, a nuna noman auduga ko tsabta, kowa ya kalla a gaban hakimi. Sinima kuwa wani abu ne dabam. An buɗe Rex a 1937 a wajen gari. A 1951 gobara ta tashi a sinimar El Duniya ta hallaka mutum sama da 300, jama'a da yawa suka ɗauki abin a matsayin ishara. Da aka zo gina Palace a Jakara, dab da Kasuwar Kurmi, wato a tsakiyar birni, malamai da dattawa suka ƙi abin ƙwarai, amma aka buɗe ta a 1952. Tun daga nan sinima ta zama wurin da ɗan mutunci ba ya so a gan shi, matar aure kuwa ba a ma maganarta.

Sai an riƙe wannan a zuciya za a gane girman abin da talabijin ya yi. Shi ne ya tsallake zaure ya shigar da hoto har tsakar gida, inda uwar gida da amarya da kaka da 'ya'yan maƙwabta suke zaune a tabarma ɗaya. Gidan talabijin na farko a Nijeriya gwamnatin Awolowo ce ta buɗe shi a Ibadan a 1959. Gwamnatin Sardauna ta buɗe nata a Kaduna a 1962. Kano ta samu nata a shekarun 1970, bayan an ƙirƙiro jihar a 1967, sai dai a 1977 gwamnatin soja ta tattara duk gidajen talabijin na ƙasar a ƙarƙashin hukuma ɗaya, na Kano ya zama reshen NTA da ke titin Bompai.

A waɗannan gidaje ne wasan Hausa ya samu fuskokin da har gobe ake tunawa da su. Kaduna tana da Usman Baba Pategi, Samanja mazan fama, tsohon soja da ya mayar da Hausar bariki abin dariya da darasi. Tana da Ƙasimu Yero, da Umaru Ɗanjuma Katsina wanda aka fi sani da Kasagi. Jos tana da Karkuzu. Kano kuwa tana da Kuliya Manta Sabo, inda Daudu Galadanci yake zama alƙali, da Mustapha Muhammad Ɗanhaki da ake kira Malam Mamman, da su Hankaka da Ɗan Wanzam. Duk wanda ya yi wayo a birni a wancan zamani zai lissafo maka su ba tare da ya yi tuntuɓe ba. Amma tambaye shi wanda ya ba da umarni, sai ya yi shiru. Sunan yana wucewa ne a rubuce a ƙarshen shiri, daidai lokacin da yara suka miƙe suna neman takalmansu.

Alhali kuwa aikin nasa shi ne mafi wuya. Yawancin wasannin nan ba a rubuta musu magana kalma bayan kalma. Darakta zai tara 'yan wasa ya ba su ƙashin labari: kai ne mai gida, ka dawo daga kasuwa ka tarar an ci bashi da sunanka, ke kuma ki musa, sai maƙwabciya ta shigo ta tona. Sauran magana daga bakinsu za ta fito. Wannan ne ya sa Hausar wasannin take da daɗi, cike da karin magana da habaici da zaurance, domin ba daga takarda aka haddace ta ba. Amma kuma shi ne ya sa darakta ba ya numfashi. Yana zaune a wani ɗaki dabam, alluna a gabansa, kowane allo da hoton kyamara ɗaya, yana magana da masu kyamara ta abin da suka sa a kunne. Bai san ainihin abin da ɗan wasa zai faɗa ba, saboda haka dole ya san halin kowa. Ya san wanda in ya gyara hula to magana mai nauyi na tafe, a matso da kyamara. Ya san wadda dariyarta ta fi maganarta, a juya kanta kafin ta fashe. Ya san wanda in an bar shi zai cinye lokacin kowa, a yi masa alama ya dunƙule. In ya makara da daƙiƙa biyu, fuskar da ta kamata a gani ta wuce, ga kaset da tsada, ba kullum ake samun damar maimaitawa ba.

Akwai kuma wani ma'auni da ba a rubuta shi a ko'ina ba, amma kowane darakta yana ɗauke da shi a ka. Shirin nan suruki zai gan shi tare da surukarsa, uba tare da 'yarsa. Don haka miji da mata ba sa zama gab da juna, ba a shiga ɗakin kwana, uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ƙarami ba ya gaida babba a tsaye. Da wannan ƙunci aka koyi nuna so da fushi da kishi ta hanyar kallo, da shiru, da yadda mace ta ajiye kwanon abinci. Ni a wurina wannan ita ce babbar fasahar da talabijin ɗin Kano ya haifar, kuma ba a cika yaba ta ba.

Siyasa ce ta haifi gida na biyu. Tsarin mulkin 1979 ya ba jihohi damar mallakar talabijin, ga shi gwamnan Kano Muhammadu Abubakar Rimi ɗan PRP ne, NTA kuwa tana hannun gwamnatin tarayya ta NPN. Rimi yana son bakin da zai yi magana da shi. Ya kafa jaridar Triumph, sannan a farkon shekarun 1980 ya kafa CTV a Hotoro, kan titin Maiduguri. Lambar 67 da ke jikin sunan lambar zangon da tashar take watsa shiri ce, kuma masu tsohuwar akwati sai da suka nemi eriyar da za ta kamo ta. Sabon gida yana bukatar abin da zai cike sa'o'insa, kuma babu abin da ke tara jama'a kamar dirama. Aka ɗauki matasa aiki, aka sa musu sababbin na'urori a hannu. Tijjani Ibrahim yana cikin wannan tsara.

Ma'aikata dai suna Hotoro, amma 'yan wasa a cikin gari suke. Kusan kowace babbar unguwa tana da kulob ɗin dirama: samari ɗalibai, da teloli, da ƙananan ma'aikata, da 'yan kasuwa, suna haɗuwa da yamma a harabar firamare suna gwaji. Akwai Tumbin Giwa, akwai Gyaranya, akwai Jigon Hausa, akwai wasu da dama. Duba sunayen mutanen farko na wannan sana'a ka ga taswirar birni: Yakasai, Mandawari, Galadanci, Daneji, Gwale, Gwammaja. Burin kowane kulob shi ne a sa wasansa a talabijin. Ta haka darakta ya zama ƙofa. Shi yake zuwa ya ga gwaji, ya ce wannan ya yi, wancan a sake. Shi yake koya wa wanda ya saba da dandamali cewa ba sai ya ɗaga murya ba, kyamara tana jin raɗa. Shi yake fitar da su daga situdiyo zuwa gidan ƙasa na gaske, da soro da rijiya da turke, inda kyamara ɗaya tak za ta yi aikin uku. A nan sai a ɗauki fitowa daga nesa, a sake ɗaukarta a fuskar miji, a sake a fuskar mata, daga baya a je a haɗa a na'ura. Wanda ya saba da zubo magana yadda ta zo masa, yanzu dole ya tuna abin da ya faɗa ɗazu ya maimaita shi daidai. A wannan makaranta aka yaye mutanen da suka zo suka riƙe fim.

Abin da ya tura su kasuwa kuwa har da matsin tattalin arziki. Soja sun karɓi mulki a ƙarshen 1983, kuɗin mai ya ja baya, a 1986 gwamnatin Babangida ta kawo tsarin tsuke bakin aljihu, darajar naira ta faɗi. Gidajen talabijin na gwamnati suka rasa kuɗin shirya wasanni kamar da, abin da ake ba 'yan wasa bai taka kara ya karya ba. A daidai lokacin kuma na'urar bidiyo ta yawaita a gidaje, 'yan kasuwa da alhazai suna shigo da ita, ana kallon fina-finan Indiya da na Sin a ɗaki. Kyamarar da ake haya don ɗaukar biki da suna ita ma ta samu. Tun farkon shekarun 1980 irin su Sani Lamma suke gwada ɗaukar wasa da ita. Abin da ya rage shi ne wanda zai haɗa wannan araha da ƙwarewar gidan talabijin.

A watan Maris na 1990 Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya. Aminu Hassan Yakasai ne ya rubuta, Salisu Galadanci ya ba da umarni, Ibrahim Mandawari yana cikin 'yan wasa. Shekara biyu ke nan kafin Living in Bondage, fim ɗin da 'yan Kudu suke ƙirga farkon Nollywood da shi. Gimbiya Fatima ya biyo baya a 1992, ya karɓu ƙwarai, musamman wurin mata. Daga nan marubutan littattafan soyayya suka ga hanya. Adamu Muhammad ya mayar da littafinsa Kwabon Masoyi fim, Ado Ahmad Gidan Dabino ya yi haka da In Da So Da Ƙauna, Bala Anas Babinlata da Ɗan'azumi Baba su ma suka shigo. Marubuci yana da labari da masu karatu, amma bai san kyamara ba. Dole ya nemi wanda ya sani, kuma waɗanda suka sani 'yan kaɗan ne, yawancinsu masu albashi a NTA ko CTV, suna fita lokeshan ranakun hutu da bayan tashi daga aiki.

A wannan tsakani ne sunan Tijjani Ibrahim ya fito fili, har ya zama in an ce darakta a Kano shi ake fara tunawa. Ya kafa kamfaninsa, Fasaha Films, yana kuma yi wa wasu aiki. Fim ɗin da ya fi nuna hannunsa shi ne Ki Yarda Da Ni, wanda kamfanin FILAPS ya shirya a ƙarshen shekarun 1990 daga littafin Bilkisu Ahmed Funtuwa. Labarin kishi ne, irin wanda kowace unguwa ta sani, kuma abin da ya ɗaga shi shi ne yadda aka riƙe 'yan wasa. Hauwa Ali Dodo ta fito a matsayin Biba, ta yi wasan da ya sa sunan Biba Problem ya bi ta har ƙarshen rayuwarta. Irin wannan ba ya samuwa sai da darakta wanda ya san lokacin da zai saki ɗan wasa da lokacin da zai ja masa linzami, kuma wannan shi ne ainihin abin da shekarun dirama marar rubutu suka koya masa. Matasa da yawa sun bi ta hannunsa. Ali Nuhu, wanda ya fara fitowa a ƙarshen shekarun 1990, ya sha faɗa a hirarraki cewa Tijjani ne ubangidansa a sana'a.

Sai dai kasuwar da suka buɗe ba ta daɗe tana jin maganarsu ba. Tun 1977 NTA Kano take nuna fina-finan Indiya, kuma Farfesa Abdalla ya ƙirga sama da 1,000 da tashar ta nuna daga wannan shekara zuwa 2003. Yaran da suka tashi a kan wannan kallo su ne suka zama masu sayen kaset, su ne kuma suka zama sababbin furodusoshi. Abin lura a nan, gidan talabijin ɗin da ya koyar da kunya a gaban kyamara shi ne kuma ya shayar da jama'a rawa da waƙa. Da situdiyo irin na Iyan-Tama suka kawo fiyano mai kwaikwayon kalangu da sarewa, sai waƙa ta samu gurbi. A 1999 kamfanin Sarauniya da ke Gwammaja ya fitar da Sangaya, Aminu Muhammad Sabo ya ba da umarni, Ali Nuhu da Fati Muhammad suka ja fim ɗin, aka yi cinikin da ba a taɓa gani ba. A shekarar ce Ibrahim Sheme ya fara buga mujallar Fim, a ita ce kuma Sunusi Shehu Daneji ya raɗa sunan Kannywood a mujallar Tauraruwa. Wasila, wanda Ishaq Sidi Ishaq ya ba da umarni, ya zo a 2000 ya ƙara tabbatar da inda iska ta dosa.

Yadda ake cinikin ma ya rage wa darakta ƙarfi. Furodusa yakan buga kwalin kaset ne ya kai wa 'yan kasuwa a Bata ko Ƙofar Wambai, su kuma su sayi kwali, su gurza fim ɗin a kan kaset ɗinsu su sayar. To abin da ke sayar da kwali shi ne fuskar da ke jikinsa da waƙar da aka ji a tirela. Ɗan kasuwa ya fara faɗin wanda za a sa a fim, da yawan waƙoƙin da yake so, wani lokaci har da fim ɗin Indiyan da za a wanke, wato a kwaikwaya. Fim ya rabu gida biyu a bakin 'yan sana'a, na soyayya da suke kira sentimental da na barkwanci da suke kira camama, inda Rabilu Musa Ibro yake sarauta. Wanda ya riƙe fitila jiya, yau sai ka ji ana ce masa darakta. Ban ce duk abin da aka yi a wannan zamani shirme ne ba. An yi fina-finai masu kyau, an yi waƙoƙin da har yanzu ake saurare, dubban matasa sun samu abin yi. Amma haƙurin nan na tsohuwar makaranta, na a tsaya a gyara haske, a maimaita fitowa har ta yi, ya zama abin da kasuwa ba ta biya. Tsofaffin daraktoci ma dole suka bi, suka sa rawa da waƙa a nasu ayyukan.

Sannan hukuma ta shigo. Bayan ƙaddamar da shari'a a Kano, gwamnati ta dakatar da harkar fim a ƙarshen shekarar 2000, a 2001 kuma aka kafa Hukumar Tace Fina-finai ta jiha. Iyakar da darakta yake sa wa kansa a da saboda sanin masu kallonsa, yanzu ta zama doka a takarda. A shekarar 2001 ɗin ce Aminu Hassan Yakasai ya rasu a haɗarin mota. Ba a daɗe ba Tijjani Ibrahim ma ya bi shi, yana tsakiyar ƙarfinsa na aiki. Allah ya jiƙansu da rahama. Cikin ɗan lokaci sana'ar ta rasa biyu daga cikin ukun da suka dasa ta, tun kafin wani ya zaunar da su ya ɗauki labarinsu yadda ya kamata.

Abin da ya faru bayan haka ya nuna cewa hanyar da suka bi ba ta mutu ba. Kaset ya ba faifan CD wuri, satar fasaha ta cinye CD, wayar hannu ta ƙarasa kasuwar gaba ɗaya, har shagunan fim na Ƙofar Wambai suka koma sayar da wasu kaya. Da aka rasa inda za a sayar da fim, sai aka koma inda aka fito. Tashar Arewa24 ta fara aiki a 2014, ta kawo Daɗin Kowa, wasa mai dogon zango wanda Salisu T. Balarabe ya ba da umarni, har ya ci kyautar AMVCA a 2016. Kwana Casa'in ya biyo baya a 2019, da siyasar jihar Alfawa da aka ƙirƙira, a shekarar kuma Falalu Ɗorayi ya kawo Gidan Badamasi. A 2020 Aminu Saira, ɗan Gwammaja, wanda ya riga ya yi suna a fim, ya fito da Labarina. A YouTube kuma Izzar So ya tara miliyoyin masu kallo a ƙarƙashin umarnin Nura Mustapha Waye, wanda ya rasu a 2022. Iyali sun koma jiran ranar shiri da sa'arsa kamar zamanin Kuliya. Bambancin shi ne yanzu akwai rubutaccen labari, akwai kyamarori masu kyau, kuma mai kallo ya fara sanin sunan darakta, har yakan ce zai kalli abu don wane ne ya yi shi. Wannan daraja ce da 'yan tsarar Tijjani suka yi wa aiki, kaɗan daga cikinsu ne suka ɗanɗana ta.

Idan aka leƙa wata ƙasa za a ga yadda ake riƙe irin waɗannan mutane. A Sifaniya gidan talabijin na gwamnati, TVE, ya fara aiki a 1956, shekara shida kacal kafin na Kaduna, kuma a ƙarƙashin mulkin Janar Franco, inda almakashin masu tacewa yake kan kowane shiri. A can aka yi wani darakta, Antonio Mercero. A 1972 ya yi wani gajeren wasa mai suna La cabina, labarin mutumin da ya shiga rumfar wayar tarho a bakin titi ƙofa ta rufe da shi, jama'a suka taru suna kallo, ba wanda ya iya fitar da shi. Mutane da yawa sun fahimce shi a matsayin hoton ƙasar da aka toshe wa baki, amma ba a furta haka a cikinsa ba, don haka ya wuce. Ya ci kyautar Emmy ta duniya a 1973. A 1981 ya yi Verano azul, labarin wasu yara a lokacin hutu a garin Nerja na bakin teku, kashi 19, wanda aka yi ta maimaitawa shekara da shekaru. Yau a Nerja akwai wurin shaƙatawa mai sunan shirin. An ba Mercero kyautar girmamawa ta Goya a 2010, ya rasu a 2018. Takwaransa Chicho Ibáñez Serrador, wanda ya yi wasannin ban tsoro na Historias para no dormir tun 1966, shi ma an ba shi irin wannan kyauta a 2019, watanni kaɗan kafin rasuwarsa. Ayyukansu suna ajiye a rumbun TVE, da yawansu an ɗora su a intanet, ɗalibi zai iya zama ya kalla ya ga yadda aka yi.

Mercero ya fi namu kuɗi da kayan aiki, wannan ba gardama. Amma matsalar da ya warware irin tasu ce: gidan gwamnati, ido a kanka, iyali gaba ɗaya a gaban akwati, kuma duk da haka ka faɗi gaskiya game da mutanenka. Daraktocin Kano sun yi wannan da Hausa, da kyamara ɗaya, da wutar da ba ta da tabbas. Inda aka bar mu a baya shi ne ajiya. Kaset ɗin talabijin abu ne mai tsada, kuma gidaje da yawa a duniya, har da BBC, sun yi ta goge tsohon shiri su ɗora sabo a kai. Wanda ya tsira daga gogewa kuma zafi da ƙura da damina suna cin sa a hankali, na'urorin da ke karanta shi ma sun kusa ƙarewa. Abin da ke cikin kaset ɗin nan ya wuce wasa. Akwai Hausar birni ta shekarun 1980 kafin ta cakuɗe, akwai ɗinkin riga da ɗaurin ɗankwali, akwai soraye da lungunan da aka rushe aka yi benaye, akwai ganuwa a wuraren da yanzu babu ita.

CTV ta koma ARTV bayan rasuwar Rimi a 2010, an karrama wanda ya kafa gidan, kuma ya cancanta. Saura waɗanda suka cika gidan da aiki. Kirana ga shugabannin ARTV da NTA Kano, da Jami'ar Bayero, da Hukumar Tarihi da Al'adu da ke Gidan Ɗan Hausa, da ƙungiyar masu sana'ar fim ta MOPPAN, shi ne su haɗa hannu su tattara duk kaset ɗin da ya rage, na cikin sito da na hannun iyalai, a mayar da su kan kwamfuta, a rubuta sunan darakta da mai kyamara da mai tacewa a jikin kowanne, a buɗe wa jama'a su gani. Masu kyamara da 'yan wasan da suka yi aiki da Tijjani Ibrahim da Salisu Galadanci wasunsu suna nan da rai a Yakasai da Mandawari da Galadanci, sun manyanta. A je a same su da na'urar ɗaukar magana tun bana.